Sai Umma Ta Ce Ta Yarda

Ranar Asabar ce, ana yayyafi a unguwar Sparkhill da ke Birmingham, a Ingila. Raki na tsaye a wani shagon gyaran waya a kan Stratford Road, ta dafe kanta da hannu biyu. Mai shagon ya juya tablet ɗin da ta kawo, wato kwamfutar hannu, ya danna nan ya danna can, sannan ya ce da Turanci sai dai a goge duk abin da ke ciki.

Turancin Raki ba shi da yawa, amma wannan kam ta gane shi sarai.

"No, please. No delete," ta ce. Sauran maganar ta ƙi fitowa. Ta sunkuyar da kai ta ce a hankali, "Innalillahi. Na shiga uku."

"Subhanallahi, ba ki shiga uku ba, 'yar'uwa. Me ya faru?"

Ta waiga a firgice. Wani dogon saurayi ne a bayanta, siriri mai gilashi, da jakar goyo a kafaɗa. Kunya ta kama ta, ta ja mayafinta.

"Sunana Nuru," ya ce. "Daga Manchester nake, karatun kwamfuta nake yi a jami'a. Bikin sunan ɗan abokina na zo, na shigo sayen caja. Hotuna ne a ciki?"

"Wasan Indiya ne," ta ce, idonta a ƙasa. "Kashi na farko. Fassarar Hausa."

Ya ɗan danne dariya. "Ai wannan ana samu a intanet."

"Ba irin wannan ba. Tsohuwar fassara ce, a Kano aka tura wa Ummana ita tun da daɗewa. Na nema har na gaji. In ta ji wata murya daban, cewa take ba su ba ne." Hawaye ya zubo mata. "Ƙarfe huɗu take kallo. In ba ta gani ba, ban san yadda za mu yi da ita ba."

Dariyar ta bar fuskarsa. Ya duba agogo, biyu saura. Ya roƙi mai shagon kujera, ya zaro kwamfutarsa daga jaka, ya haɗa ta da tablet ɗin. Minti arba'in yana aiki bai ɗago ba. Ita kuwa tana gefe tana karanta duk addu'ar da ta zo bakinta.

Can sai ga ƙarar ƙararrawa da sarewa sun cika shagon, ga wata yarinya tana jan akuya a bakin kogi.

"Shi ne!" Raki ta faɗa da ƙarfi, sai kuma ta rufe baki.

"Na tura miki a wayarki kafin a gyara wancan," in ji shi. "Zan ajiye wani a wurina saboda tsaro. Sai dai fa ki ba ni lambarki, in ya sake ɓata ki san inda za ki nema."

Ta faɗa masa lambar da ƙyar, sai da ya ce ta maimaita sau biyu.

Shekara uku ke nan da Umma, wato Hajiya Habibatu, ta faɗi a kicin ɗin gidansu da ke unguwar Small Heath, hawan jini ya taɓa mata ƙwaƙwalwa. Ta warke, tana tafiya, tana magana. Ta san mijinta Malam Sha'aban, ta san 'yarta Raki, ta san duk wanda ta sani a da. Amma sabon abu ba ya zama a kanta. Wanda ta gaisa da shi da safe, da la'asar baƙo ne. In yamma ta kawo kai sai tsoro ya kama ta, ta hau neman takalmi wai za ta tafi gida. Likita ya rubuta magani, council, wato ƙaramar hukuma, ta ba ta gurbi a gidan yini na marasa lafiya duk Alhamis. Amma abu ɗaya ne ke zaunar da ita, wasan nan.

Minti ashirin da biyu ne kacal. Wani saurayi mai awon fili ya zo ƙauye da jakarsa a kafaɗa, za a gina gada. Wata yarinya ta ɗaure akuyarta a ƙafar na'urar awonsa, ta zaci turke ne. Akuya ta ja na'ura ta faɗa ruwa. Suka yi faɗa, suka shirya, ya raka ta gida. A bakin ƙofa ya ce ranar Laraba zai dawo da mahaifinsa. Laraba ta yi, yarinya ta tsaya a ƙofa da farantin shayi. Shayi ya huce, hanya ba kowa. Sai kiɗa ya tashi.

Kullum Umma sai ta yi dariyar akuyar nan har da tafi. Kullum in an zo wajen ƙofa sai ta dafe ƙirji. Sun taɓa gwada mata kashi na biyu, ta ce ita ba ta san waɗannan mutanen ba, ta yi ta kuka. Daga nan ba su ƙara ba.

Washegari saƙo ya shigo wa Raki.

"Salamu alaikum, Mai Akuya. Na kalla har ƙarshe. Don Allah mutumin nan ya dawo kuwa?"

Ta daɗe tana kallon wayar kafin ta rubuta.

"Wa alaikumus salam. Ya dawo, amma sai a kashi na arba'in da biyu. Ni ba ni da akuya."

"Sau nawa kika kalli na farkon?"

"Ya fi dubu. Har inda mai fassarar yake yin tari na sani."

"Ba kya gajiya?"

"A'a. A na farko babu wanda ya cuci wani tukuna. Kuma har yau in an zo wajen ƙofar nan, ina duba hanya ko zan hango shi."

Daga wannan rana ba su ƙara yini ba su gaisa ba. Tana kiran sa Yaya Nuru, shi kuma ya ƙi sakin Mai Akuya, sai in maganar ta yi nauyi ya ce Rakina. Yakan ce rubutunta gajere ne amma yana hana shi karatu. Ita kuwa duk saƙon da ya turo sai ta karanta shi sau uku, sannan ta sa wayar ƙarƙashin matashi kamar wani zai ƙwace.

Bayan wata uku ya ce zai zo ya gaida Abba.

Malam Sha'aban mutum ne mai ƙarancin magana. Karatu ya kawo shi jami'ar Aston shekaru da yawa da suka wuce, ya zauna yana aiki a ɗakin gwaje-gwaje. Ya karɓi Nuru a falon gaba, ya tambaye shi garinsu da iyayensa. Nuru ya ce shi ɗan Gumel ne, mahaifinsa ya rasu, kawunsa Alhaji Abdurrahman da ke Manchester shi ne madadin uba. Raki na laɓe a bayan ƙofa tana saurare.

"Ban ga laifinka ba, Nuru," in ji Abba. "Amma akwai alkawari a kaina. Rakiya a hannun kakarta ta tashi a Ringim, sai da ta kai sha bakwai ta zo nan. Abin ya daɗe yana damun mahaifiyarta. Tun tana da lafiya ta ce da ni, tunda ba ta raine ta ba, kada in aurar da ita sai ta ce ta yarda da bakinta. Na ce mata to. Ciwo bai goge wannan ba. Ba zan ce ka turo manya ba sai ta faɗa."

Aka shigo da Umma. Nuru ya durƙusa har ƙasa ya gaishe ta. Ba ta amsa ba. Jakarsa da ke jingine da kujera take kallo.

"Malam," ta ce, muryarta ƙasa-ƙasa, "fitar da shi. Mai jakar nan ne. Zai bar ta a ƙofa."

"Habiba, wannan Nuru ne, baƙonmu."

"Na san shi! Ka fitar da shi!"

Sati na gaba Nuru ya zo ba jaka. Umma ta amsa gaisuwarsa da fara'a, har ta ce a ƙara masa miya. Zuciyar Raki ta fara sanyi. Da ya tashi tafiya kuwa, tarbiyyarsa ba za ta bar shi ya fita bai yi wa babba sallama ba. Ya rusuna ya ce, "Umma, zan koma. In sha Allahu Asabar zan dawo."

Kofin da ke hannunta ya faɗi ya fashe.

Zuwa na uku ya fi muni. Yana miƙewa tsaye ta damƙe hannun Raki, ta ja ta ɗaki ta murɗa makulli. "Kada ki tsaya masa," take ta faɗa. "Kada ki dafa shayin nan." Kwana biyu ba ta ci abincin kirki ba. Shatin yatsunta ya yi sati a hannun Raki.

Raki ta rubuta masa, "Yaya Nuru, tsoro nake ji. Bakin uwa fa ba wasa ba ne. In abin da take faɗa gaskiya ne fa?"

Ya amsa, "Rakina, ni ba mai awon fili ba ne. Ba inda za ni."

Wannan ne saƙonsa na ƙarshe.

Kwana ɗaya, kwana uku, sati. Ta tura sallama, alama ta nuna ya gani, amsa babu. Ta kira sau ɗaya, wayar ta yi ta ringin har ta katse. Kunya ta hana ta sake kira, kunya ta hana ta tambayar Abba. Ƙarfe huɗu in ta kunna wa Umma wasan, da an zo wajen ƙofa sai ta tashi ta shige kicin, ta buɗe famfo don kada a ji kukanta.

A cikin kwanakin nan Imran ya ƙara yawan zuwa. Ɗan maƙwabtansu ne, haifaffen Birmingham, yana aiki a wani kemis, shi ke kawo maganin Umma. Umma ta san shi tun yana sakandare, don haka kullum ta gan shi sai murna.

"Ɗan Nana A'isha! Ka girma!"

"Sannu Aunty, yaya jiki? You alright, Raki? Kin yi shiru da yawa, you know."

Ba shi da mugun hali. Amma in Raki ta ji muryarsa a ƙofa sai ta nemi hanyar shigewa ɗaki.

Ranar Laraba ta sati na uku Abba ya kira ta.

"Mahaifiyar Imran ta yi min magana. Yaron nan bai taɓa sa uwarki kuka ba, ga shi gida kusa da gida. Ranar Lahadi zan tambaye ta a gabansa. In ta ce ta yarda, na cika alkawarina."

Raki ta san abin da Umma za ta ce. Ko tantama babu. Ta buɗe baki, ba abin da ya fito sai "To, Abba."

Da safiyar Alhamis motar council ta ɗauki Umma, Abba ya tafi aiki. Raki ta rubuta sunan tashar Manchester Piccadilly a 'yar takarda, ta hau bas zuwa tashar jirgin ƙasa ta New Street. Ba ta taɓa shiga jirgin ƙasa ita kaɗai ba. Tashar ta yi mata girma, alluna na ta sauya rubutu, ana sanarwa da Turancin da ba ta kamawa. Sau biyu ta juya za ta koma gida. Daga ƙarshe ta miƙa wa wata ma'aikaciya takardar, matar ta taimaka mata ta yanki tikiti, ta raka ta har bakin jirgi.

Duk tashar da aka tsaya sai gabanta ya faɗi. In ta wuce fa? In Umma ta rikice aka kira Abba fa? In ta je ya ce bai san zancen ba fa?

Da ta sauka ta samu benci ta zauna, ta rubuta wa Nuru.

"Ina tashar Manchester. Ban san kowa ba. Zan zauna a nan har ƙarfe ɗaya, sannan in koma."

Minti ashirin ba su cika ba ta hango shi yana kutsawa cikin mutane da gudu, ko rigar sanyi babu. Ya rame. Ya tsaya a gabanta yana haki.

"Rakiya! Ke kaɗai? Wa ya kawo ki? Abba ya sani?"

"Me na yi maka?" ta ce. Ita kanta ta yi mamakin yadda maganar ta fito.

Ya zauna a ɗaya ƙarshen bencin, ya cire gilashi ya goge ido.

"Ranar da Umma ta kulle ki, Abba ya raka ni bakin titi. Washegari ya kira ni. Ya ce in ina girmama shi kada in zo, kada in kira, kada in rubuta, har sai ya neme ni. Ya ce lafiyar matarsa nake taɓawa. Na ce to."

"Shi ne ba za ka gaya min ba?"

"In na gaya miki ai na rubuta ke nan. Na ɗauka zai faɗa miki."

"Abba ne zai zaunar da ni ya yi min zancen saurayi?"

"Ke ma ba ki tambaye shi ba."

"Ni ce zan tambayi Abba ina saurayina?"

Suka kalli juna. Dariya ta so kuɓuce mata, kuka ya riga ta. Ta gaya masa zancen Imran da ranar Lahadi. Ya dafe kai.

"A jirgi na yi ta tunani," ta ce. "Umma ba ta taɓa ganin ka dawo ba. A wurinta kullum zuwanka na farko ne, kullum kai kaɗai, kullum kuma a kan tafiya take rabuwa da kai. Ka zo da Kawu."

"Rakina, ba a turo manya sai an ba da izini. Abba ya ce sai ta yarda tukuna."

"Ita kuma ba za ta yarda ba sai ta ga manya. Ni zan roƙe shi."

"Ke?"

"Ni ma tsoron nake ji. Kada ka ƙara min."

Ya saka ta a jirgin ƙarfe ɗaya, ta riga motar Umma isa gida da minti goma.

Washegari da safe, Abba na shan shayi, ta durƙusa a gabansa. Ta fara da laifinta, ta ce jiya ta je Manchester. Ya ajiye kofin a hankali. Ta daure ta faɗi sauran.

"Wato so kike in shirya wa matata wasan kwaikwayo," ya ce. "In yaudare ta da ciwonta."

"A'a, Abba. Su shigo kawai, kamar yadda ake zuwa kowane gida. Ka tambaye ta da sunana, ka gaya mata ba wasa ba ne. In ta ce a'a, wallahi na haƙura. Ranar Lahadi ba za ka ji bakina ba."

Ya daɗe yana kallon ta. Tun zuwanta ƙasar nan bai taɓa jin ta yi magana mai tsawon wannan ba.

"Gobe Asabar, bayan la'asar," ya ce. "Sau ɗaya. In na ga hankalinta ya tashi, a ƙofa zan sallame su."

Asabar ta zo da sanyi mai shiga ƙashi. An ce huɗu da rabi za su iso. Ƙarfe huɗu Raki ta kunna wa Umma wasanta kamar kullum. Umma ta yi dariyar akuya, ta dafe ƙirji a wajen ƙofa, kiɗa ya tashi. A daidai nan saƙo ya shigo.

"Jirgi ya tsaya a daji bayan Stafford. Sun ce matsalar sigina ce. Ba su faɗi yaushe za mu tashi ba. Ki yi addu'a, Rakina."

Raki ta ajiye wayar. Da ma a ce ba ta dafa shayi ba, da ma ba ta sa sabon mayafi ba. Umma ta dube ta sama da ƙasa, ta dubi farantin da aka jera wa kofuna shida.

"Wa kike jira?"

"Baƙi ne, Umma."

"Bai zo ba ko?" Ta miƙe. "Na gaya miki. Na gaya miki kada ki dafa."

Ta nufi ƙofar gida ta buɗe ta, iska ta kwararo ciki. Ta tsaya a bakin ƙofar da silifas, tana leƙen titi hagu da dama. Raki ta yafa mata bargo, ta ture. Abba ya lallashe ta, ta ce ba inda za ta sai ta ga ƙarshen rashin mutunci.

Biyar ta yi. Biyar da kwata. Leɓen Umma ya fara rawa, hawaye na bin kuncinta. Raki na tsaye a bayanta.

Abba ya zaro wayarsa. "Ya isa haka. Zan ce su koma."

"Abba, don Allah, minti biyar."

"Dubi uwarki, Rakiya."

Ta duba. Ta runtse ido, tana jin ƙarar maɓallan wayar ɗaya bayan ɗaya.

Sai ga wata baƙar tasi ta shawo kwana ta tsaya. Wani dattijo mai furfura ya fito da babbar riga da hula, wani dattijon ya biyo shi riƙe da kwandon goro da dabino. Nuru ne na ƙarshe, da farar shadda, hannunsa ba komai. Abba ya sauke wayar daga kunne.

Dattijon ya yi sallama. Umma ba ta kalle shi ba, Nuru ta tsare da ido.

"Kai ne ka bar yarinya tana jira?"

Nuru ya durƙusa a kan jiƙaƙƙen dandamalin ƙofar, da farar shaddarsa.

"Ni ne, Umma. Jirgi ne ya tsaya da mu. Ki yafe min."

"Wannan fa?"

"Kawuna ne, Alhaji Abdurrahman. Shi ne madadin mahaifina."

"Hajiya, mun yi laifi," in ji Kawu. "Amma ga mu mun zo, kuma da alheri muka zo."

Abba ya matso ya tsaya a gaban Umma.

"Habiba, dube ni. Wannan ba wasan da kike kallo ba ne. Yaron nan sunansa Nuru, ɗan Gumel ne. Rakiya 'yarki yake nema da aure. Kin ce kada in bayar sai kin yarda. In ba ki so, yanzu za su juya."

Raki ta daina numfashi.

"Malam, ka ɗauka ban san 'yata ba?" Umma ta miƙa hannu baya ba tare da ta waiga ba, ta kamo hannun Raki. "Tun ɗazu take rawar jiki a bayana, ina jin ta. Rakiya, kina son sa?"

Raki ta ɓoye fuska a kafaɗar uwarta, ta gyaɗa kai.

"Kai kuma, in ka ɗauke ta, za ka raba ni da ita? An taɓa raba mu."

"A'a, Umma. Rubutu ya rage min a karatu, a ko'ina zan iya yin sa. A nan Small Heath zan nemi flat, gidan haya. Kullum za ki gan ta."

"To na ba ka. Na yarda. Tashi, ka ɓata rigarka." Ta juya ga mijinta. "Malam, ka bar manyan mutane a tsaye cikin sanyi?"

Abba ya juya da sauri yana gyara hula, don kada a ga idonsa.

Da gari ya waye Umma ta ga kwandon goro a falo, ta tambayi na wane ne. Gaban Raki ya faɗi. Ta dubi Abba, tana jiran ya ce maganar jiya ba ta zauna ba.

"Ta faɗa sau ɗaya, cikin hankalinta, na ji da kunnena," ya ce. "Ni zan riƙe mata." Da hantsi ya shiga gidan su Imran da kansa ya ba su haƙuri. Imran ya ji ciwo, ya ɗauke ƙafa sati biyu, sannan ya dawo da maganin Umma, ya ce wa Raki, "Congrats. Allah ya sa albarka, yeah?"

Bayan wata biyu aka ɗaura aure a wani masallaci a Small Heath, ranar Asabar bayan azahar. Mutanen Manchester suka cika mota biyu. Mata suka cika gida, ana ta rabon waina da dambun nama. Ana shafa fatiha saƙo ya shigo wayar amarya.

"Alhamdulillah. An ɗaura, Mai Akuya. Kin zama tawa."

Ta amsa, "Alhamdulillah, mijina." Ta daɗe tana kallon kalmar kafin ta tura.

Umma na zaune a tsakiyar falo cikin leshi ruwan zuma. Can ta jawo hannun wata ta ce, "Wai bikin wa ake?"

Raki ta taso da lulluɓinta ta durƙusa a gabanta.

"Nawa ne, Umma."

"Naki? Rakiya, aure kika yi?" Fuskarta ta washe, ta rangaɗa guɗa da kanta. Ta dafa kan 'yarta ta ce, "Allah ya yi miki albarka. Allah ya ba ku zaman lafiya, ya sa ya riƙe ki amana."

Bayan rabin awa ta sake tambaya. Aka sake gaya mata. Ta sake yin guɗa, ta sake sa albarka, da murnar da ba ta ragu ko kaɗan ba. Da ango ya shigo gaisuwa da abokansa, ta tambayi wane ne wannan kyakkyawan, aka ce mijin Rakiya ne, ta kama kansa shi ma ta yi masa addu'a.

Daga nan kafin a raka amarya sabon gidanta, layi biyu daga nasu, sau bakwai Umma ta sa musu albarka. Duk sau bakwai ɗin Raki da Nuru suka durƙusa, duk sau bakwai ɗin gidan ya amsa da amin.

Allah ya ba su zuri'a ɗayyiba, ya ba Umma lafiya, ya sa mu ma iyayenmu su rabu da mu suna sa mana albarka. Amin.